Ruwan bama-bamai kan biranen Jamus: abin da ya faru da yadda ake tuna shi

Tambaya: "Assalamu alaikum Malam. Na ga wani rubutu yana yawo a Facebook cewa a Yaƙin Duniya na Biyu Turawan Ingila da Amurka sun ƙone birnin Dresden na Jamus a dare ɗaya, suka kashe fararen hula sama da 300,000, kuma har yau an hana Jamusawa yin maganar saboda su aka ci da yaƙi. Mai rubutun ya ce wannan ya fi abin da Hitila ya yi muni, sai dai tarihi na hannun wanda ya yi nasara. Gaskiya ne? In kuwa gaskiya ne, me ya sa ba a hukunta kowa ba?"

Wa alaikumus salam, ɗan'uwa. In na fahimce ka, kana so ka san ko an yi wannan ɓarna da gaske, ko adadin da aka ambata daidai ne, da kuma ko an toshe wa Jamusawa baki a kai. An yi ɓarnar, kuma da gangan aka yi ta. Adadin 300,000 kuwa ƙarya ne, mun ma san inda ƙaryar ta samo asali. Batun hana magana shi ma ba haka yake ba, domin kowace shekara ranar 13 ga Fabrairu, ƙarfe goma saura kwata na dare, ana kaɗa ƙararrawar majami'un Dresden gaba ɗaya, dubban mutane kuma suna fitowa titi don juyayi.

Na daɗe ina koyar da tarihin Turai na ƙarni na 20, kuma duk sanda muka iso wannan babi sai ɗalibai su rabu. Wasu su ce ai Jamusawa su suka jawo wa kansu, a bar zancen. Wasu su ce ashe duk kanwar ja ce, da Hitila da waɗanda suka yaƙe shi. Ba na goyon bayan ko ɗaya daga ciki.

Yadda aka kai ga ƙona birane

Ranar da yaƙin ya ɓarke, 1 ga Satumba 1939, jiragen Jamus suka ragargaza wani ƙaramin gari a Folan mai suna Wieluń. Daga nan sai Warsaw, sai Rotterdam ta ƙasar Holan a 14 ga Mayu 1940. Daga Satumba 1940 zuwa Mayu 1941 suka yi ta luguden wuta kan Landan da sauran biranen Birtaniya, mutum sama da 40,000 suka mutu. A daren 14 ga Nuwamba 1940 suka ƙone tsakiyar Coventry har da babbar majami'arta, aka rasa rayuka kusan 570. Wanda duk ya fara ba ka labarin Dresden ya tsallake waɗannan, ya yanke maka kan labarin.

A lokacin an riga an fatattaki sojojin Birtaniya daga Faransa. Ba su da wata hanyar taɓa Jamus sai ta sama. Da suka gwada kai hari da rana, sai aka yi ta kakkaɓo jiragensu. Suka koma dare, ga shi kuma da dare ba a gani. A Agusta 1941 wani jami'i mai suna Butt ya duba hotunan da jiragen ke ɗaukowa lokacin jefa bam, ya gano cewa cikin jirage uku da suka ce sun kai hari, ɗaya ne kawai ya kusanci wurin da nisan mil biyar. Ma'ana, ana asarar matuƙa da jirage ana yi wa gonaki ruwan bam.

Nan shawara ta sauya. Tun da ba a iya samun masana'anta ɗaya a cikin duhu, to a nufi garin dungurungum, tunda gari ba ya ɓuya. A 14 ga Fabrairu 1942 aka ba rundunar jiragen bam ta Birtaniya umarni a rubuce cewa abin hari yanzu shi ne karya zuciyar jama'ar Jamus, musamman ma'aikatan masana'antu. Mako guda bayan haka Arthur Harris ya karɓi jagorancin rundunar. Ba shi ya ƙirƙiro manufar ba, amma ba wanda ya kai shi imani da ita. A Oktoba 1943 har rubuta wa ma'aikatar sojan sama ya yi yana neman gwamnati ta daina ɓoye-ɓoye, ta fito fili ta ce rushe birane da kashe ma'aikata shi ne abin da ake nufi. Gwamnati ba ta yarda ba. A majalisa aka ci gaba da cewa wuraren soja ake hari.

An fara da Lübeck a Maris 1942, kuma an zaɓe ta ne don tsohon gari ce mai gidajen katako da lunguna, wuta za ta ji daɗin ci. A ƙarshen Mayu jirage sama da 1,000 suka afka wa Kolon a dare ɗaya. Ƙona gari ya zama ilmi da ake zama a yi nazari. Da farko a saki manyan bama-bamai su yaye rufi, su farfasa tagogi, su fasa bututun ruwa. Sannan a zubo dubban ƙananan sanduna masu kunna wuta su faɗa cikin ɗakunan da aka buɗe. A 1943 Amurkawa sun gina irin gidajen ma'aikatan Jamus a hamadar Utah, har da kayan ɗaki, suna ƙonawa suna sake ginawa don gano wane bam ya fi ci. Shi ya sa na ce maka da gangan ne.

Hamburg

Sunan Dresden ya fi yawo, amma garin da ya fi asarar rayuka shi ne Hamburg. Daga 24 ga Yuli zuwa 3 ga Agusta 1943 aka yi ta kai mata hari, Birtaniya da dare, Amurka da rana. An sa wa shirin sunan Gomorrah, ɗaya daga garuruwan mutanen Annabi Luɗu. A karon farko jiragen suka riƙa watsa siraran takardun alminiyam a sama, na'urorin hangen jirage na Jamus suka rikice, masu bindigogin ƙasa suka rasa inda za su harba.

Daren 27 ga Yuli shi ne mafi muni. An yi kwanaki ana zafi, iska ta bushe. Jirage sama da 700 suka zuba kayansu cikin ƙasa da sa'a ɗaya kan unguwannin talakawa masu cunkoso, Hammerbrook da Hamm da Rothenburgsort. Dubban gobara suka haɗe suka zama guda. Zafin ya tashi sama, ya riƙa zuƙo iska daga ko'ina da ƙarfin da ke tumɓuke bishiyoyi yana jan mutane cikin wuta. Kwaltar titi ta narke, masu gudu suka maƙale a ciki. Amma mafi yawan waɗanda suka mutu ba a titi suka mutu ba. Suna ɗakunan ƙarƙashin ƙasa inda aka ce su fake, wutar da ke samansu ta cinye iskar, hayaƙi mai guba ya sauko. Irin mutuwar wanda ya kwana da gawayi a rufaffen ɗaki lokacin hunturu. Masu aikin ceto sun tarar da iyalai zaune a kan benci, ba ko ƙwarzane a jikinsu.

Mutum tsakanin 34,000 da 40,000 suka mutu a waɗannan kwanaki, kusan miliyan ɗaya suka tsere daga garin. Ka gwada wannan da 570 na Coventry, ka ga inda ramuwar gayya ta fi gayya zafi. Waɗanda aka tilasta wa kwashe gawawwakin da tono bama-baman da ba su fashe ba kuwa, har da fursunonin sansanin gwale-gwale na Neuengamme da ke bayan gari.

Dresden da batun adadi

A Fabrairu 1945 sojojin Sobiyet na matsowa daga gabas, Dresden cike take da 'yan gudun hijira. An kwashe yawancin bindigogin kakkaɓo jirage na garin an kai bakin daga. A daren 13 ga wata jiragen Birtaniya suka zo sau biyu, tsakaninsu kimanin sa'a uku, har na biyun ya riski 'yan kwana-kwana da waɗanda suka fito daga maɓoya. Ranar 14 da 15 jiragen Amurka suka biyo. Garin yana da mahaɗar jiragen ƙasa mai muhimmanci da masana'antun da ke yi wa soja aiki, wannan gaskiya ne. Sai dai inda aka auna a daren farko tsakiyar tsohon gari ne, ba masana'antun da ke gefe ba. Gawawwaki sun yi yawan da aka jera ƙarafan layin dogo a dandalin tsohuwar kasuwa aka ƙone 6,865 a kai don gudun annoba.

To, mutum nawa suka mutu? Rahoton 'yan sandan garin na Maris 1945 ya ce an samu gawa 20,204, ana sa ran jimillar ta kai 25,000. Sai aka fito da wani kwafin jabu na wannan rahoto, an ƙara sifili ɗaya a ƙarshen kowane adadi: 202,040 da 250,000. Ma'aikatar Goebbels, ministan farfagandar Hitila, ta riƙa ciyar da jaridun ƙasashen 'yan ba-ruwanmu irin su Suwidin da manyan alƙaluma. Nakan ɗora wa ɗalibaina alƙaluman biyu a allo, ɗaya a saman ɗaya, ban ce komai ba. Ba a daɗewa wani ke ɗaga hannu ya ce, Malam, ai sifili aka liƙa.

Bayan yaƙi marubuci ɗan Birtaniya David Irving ya yaɗa adadin 135,000, wani lokaci ma fiye. Shi ne wanda wata kotu a Landan ta tabbatar a 2000 cewa yana murɗe hujjojin tarihi da gangan don wanke Hitila. A 2004 magajin garin Dresden ya kafa kwamitin masana tarihi, suka bi rajistar maƙabartu da takardun mutuwa da na mutanen da suka ɓata, suka duba abin da aka tono lokacin sake gina gari. Har da'awar cewa dubun-dubata sun ƙone ƙurmus ba su bar ko ƙashi ba sun bincika, ba su sami abin da ke tabbatar da ita ba. A 2010 suka kammala: mamatan ba su wuce 25,000 ba. Jamusawa ne suka yi wannan bincike, a garinsu, kan iyayensu da kakanninsu.

Abin da ke ɓata mini rai da masu kumbura adadin shi ne, kamar suna cewa 25,000 bai isa a yi kuka ba. Mutum 25,000 cikin kwana biyu, galibinsu mata da yara da tsofaffi. Kwana goma bayan haka aka ƙone Pforzheim, ƙaramin gari, mutum kimanin 17,600 suka halaka cikin mintuna ashirin da 'yan kai. A 16 ga Maris aka ƙone Würzburg, saura mako bakwai da 'yan kwanaki Jamus ta miƙa wuya. Jimillar fararen hular da bam ya kashe a Jamus, masana na sa ta tsakanin 350,000 da 600,000. Tazarar na da faɗi saboda takardu da yawa sun ƙone, ga 'yan gudun hijira da ma'aikatan tilas da ba a rubuta su a ko'ina ba.

Ya yi amfani? Laifi ne?

Jama'ar Jamus ba su yi wa Hitila bore ba kamar yadda aka yi fata. Wanda gidansa ya ƙone abinci da makwanci yake nema, ga kuma 'yan sandan ciki a kansa. Ƙera makamai ma ƙaruwa ya yi ta yi har tsakiyar 1944. Duk da haka hare-haren sun tilasta wa Jamus ajiye dubban manyan bindigogi da ɗaruruwan dubban mutane da yawancin jiragen yaƙinta a gida, maimakon fagen fama da Sobiyet. Abin da ya karya ƙashin bayanta da gaske shi ne harin matatun mai daga Mayu 1944, da na layukan dogo da magudanan ruwa, har kwal ya kasa fita daga yankin Ruhr, cibiyar ma'adinai da masana'antun Jamus. Harris kuwa ya yi ta jayayya da shugabansa Portal kan batun man, shi dai birane yake so. A karatuna, ɓangaren da ya fi kashe fararen hula ba shi ne ya fi kawo nasara ba, kuma zuwa farkon 1945 shugabannin sun san haka.

Masu kare harin Dresden suna cewa a lokacin ba wanda ya san yaushe yaƙin zai ƙare. Jamus ta kai wani babban farmaki a Disamba 1944, rokokinta na ci gaba da faɗawa Landan, kuma kowace rana ana kashe mutane a sansanoni. Hujja ce mai nauyi, ba na raina ta. Amma mu da muka tashi da wasiyyar Sayyidina Abubakar ga rundunar da ya tura Sham, cewa kada a kashe mace ko yaro ko tsoho, kada a sare itace mai 'ya'ya, kada a rushe gari, ba ma buƙatar dogon bayani kafin mu gane cewa auna unguwar mutane da wuta zalunci ne. A Ingila ma an sami masu faɗa tun ana cikin yaƙi. Bishop George Bell ya tsaya a majalisar dattawa a Fabrairu 1944 ya yi tir da manufar. Churchill kansa, firaministan Birtaniya, a 28 ga Maris 1945, ya rubuta takarda yana neman a sake duba ta, bayan shi ne ya matsa a kai hari biranen gabashin Jamus.

Dalilin rashin hukunci a fili yake. A shari'ar Nuremberg, wadda ƙasashen da suka ci yaƙi suka yi wa shugabannin Nazi, ba a yanke wa kowa hukunci saboda jefa bam kan birane ba, har Göring shugaban sojan saman Jamus, domin masu shari'ar sun san abin da hannunsu ya aikata. A nan mai rubutun da ka gani yana da gaskiya. Dokar ma a lokacin ba ta fito sarai ba. An tsara ƙa'idojin yaƙin sama a Hague a 1923, ba ƙasar da ta zartar da su. Sai a 1977 aka ƙara wa yarjejeniyar Janeba sashen da ya haramta ɗaukar gari guda a matsayin abin hari ɗaya. Ko a dokar 1945 laifin yaƙi ne, lauyoyi na ta muhawara har yau, kuma aikin masanin tarihi bai kai ga yanke wannan ba. Iyakarmu mu nuna wa ya ba da umarni, me ya sani, me ya biyo baya.

Inda mai rubutun ya kauce shi ne da ya ce ya fi abin da Hitila ya yi muni. 'Yan Nazi sun kashe Yahudawa miliyan 6, sun bar fursunonin yaƙin Sobiyet kimanin miliyan 3 sun mutu a hannunsu. Ranar da Jamus ta miƙa wuya bam ya daina sauka. Bayahude kuwa ba shi da wata miƙa wuya da za ta cece shi. Akwai wani malamin jami'a Bayahude a Dresden, Victor Klemperer, wanda ya rubuta abin da ya gani kullum. A ranar 13 ga Fabrairu da rana an sa shi raba wa ragowar Yahudawan garin takardun umarni su hallara ranar 16 za a kwashe su. Da dare bam ya sauka. A cikin ruɗanin matarsa ta sa 'yar wuƙa ta yanke tauraron rawayan da ke rigarsa, alamar da aka tilasta wa Yahudawa sawa, suka ɓace cikin 'yan gudun hijira, suka tsira. Wutar da ta kashe dubbai ita ce ta kuɓutar da su, wasu Yahudawan kuma a cikinta suka mutu.

Yadda ake tunawa

Bayan yaƙi an raba Jamus biyu. A Jamus ta Yamma gari-gari aka riƙa tunawa, kowane da ranarsa da maƙabartarsa. An bar wasu majami'u a rushe don shaida, kamar Nikolai ta Hamburg da wadda ke tsakiyar Balin. An tara ɓaraguzai suka zama tsaunuka a bayan Balin da Stuttgart da Pforzheim. Gwamnatin tarayya dai ba ta ɗaga murya ba, tunda waɗanda suka jefa bam ɗin su ne abokan ƙawancenta yanzu, ga kuma nauyin abin da Jamus ta aikata. A Jamus ta Gabas, inda Dresden take, akasin haka aka yi. Gwamnatin gurguzu ta mai da Dresden sandar dukan Amurka da Birtaniya, tana tara jama'a kowace shekara. A maƙabartar Heidefriedhof ta Dresden an kafa ginshiƙai 14 masu ɗauke da sunayen wurare, sunan Dresden na tsaye a jere ɗaya da na Auschwitz, sansanin da 'yan Nazi suka yi ta kashe Yahudawa, abin da har yau ake suka. A 1982 matasa suka fara taruwa da kyandir a kufan majami'ar Frauenkirche ba da izinin hukuma ba, suna neman zaman lafiya.

Bayan haɗewar ƙasar a 1990 zancen ya ƙara buɗewa. A 2002 wani littafi kan ƙona biranen ya yi kasuwa sosai, jaridar Bild ta riƙa buga shi kashi-kashi, aka yi ta gardama kan yadda ya ari kalmomin da aka saba bayyana kisan Yahudawa da su. Wannan ba alamar an hana magana ba ce. Sai dai 'yan sabuwar Nazi sun shigo. A 2005 wani ɗan jam'iyyarsu ta NPD ya tsaya a majalisar jihar Saxony ya kwatanta harin da kisan ƙare-dangin Yahudawa, zuwa 2009 kuma masu jerin gwanonsu a Dresden sun kai kimanin 6,000. Alƙaluman da ka gani a Facebook irin waɗanda suke ɗagawa a kwalayensu ne. Daga 2010 mutanen gari suka fara riƙe hannun juna suna zagaye tsohon gari, wasu kuma suna tare hanya. Akwai masu zagayawa da jama'a su nuna musu inda majami'ar Yahudawa take kafin a ƙone ta a Nuwamba 1938, da inda ofishin 'yan sandan ciki yake, don kada a ɗauka garin ba ruwansa da abin da ya gabata.

Na taɓa tsayawa gaban Frauenkirche. An sake gina ta daga 1994 zuwa 2005, kuma dubban tsofaffin duwatsun da aka iya ganewa an mai da su mazauninsu, sai ka ga baƙaƙen duwatsu warwatse a cikin fararen bango. Gicciyen zinariyar da ke samanta daga Birtaniya aka aiko shi, maƙerin da ya yi shi kuwa mahaifinsa na cikin matuƙan da suka kai harin. Tsohon gicciyen da aka tono daga ɓaraguzai yana ciki, a lanƙwashe. Coventry da Dresden sun ƙulla zumunci tun 1959.

Birtaniya ma ta daɗe tana jin nauyin abin. Cikin mutum kimanin 125,000 da suka yi aiki a jiragen bam ɗinta, 55,573 sun mutu, yawancinsu samari 'yan shekara ashirin da kaɗan. Churchill bai ambaci rundunar ba a jawabinsa na nasara. Da aka kafa mutum-mutumin Harris a Landan a 1992 an yi zanga-zanga, magadan gari daga Jamus suka nuna rashin jin daɗi. Sai a 2012 aka buɗe wa matuƙan wurin tunawa a Green Park, aka kuma rubuta a jikinsa cewa ana tuna mutanen kowace ƙasa da bam ya kashe daga 1939 zuwa 1945.

Akwai kuma tunawar da ba ta jiran ranar biki. Bama-bamai da yawa ba su fashe ba, suna nan binne. Kafin a yi babban gini a Jamus, jami'ai kan duba hotunan sama da jiragen Birtaniya da Amurka suka ɗauka bayan kowane hari, suna neman ƙananan ramukan da ke nuna bam ya nutse bai tashi ba. Wasu suna da kunamar sinadari wadda ke ƙara haɗari da tsufa. A Göttingen a 2010 ɗaya ya tashi ya kashe ma'aikatan kwance bam uku. A Frankfurt a 2017 an kwashe mutum sama da 60,000 daga gidajensu saboda bam ɗaya na Birtaniya, a Kolon kuma a Yuni 2025 an kwashe kimanin 20,000 saboda guda uku na Amurka.